Gasar zaratan takwas ta Landan: rufi ne ya hana Nadal kofin ko dai ƙarfinsa aka fi?

Baban Khalifa:
Assalamu alaikum 'yan uwa masoya tanis. Tunda kwana biyu gurup ya yi shiru bari in taso da maganar da ta daɗe tana ci na. Gasar ƙarshen shekara ta ATP, ƙungiyar ƙwararrun 'yan tanis maza, wadda ake tara mutum takwas da suka fi kowa maki, shekara 12 ta yi a ɗakin O2 na Landan daga 2009 zuwa 2020 kafin a ɗauke ta a kai Turin ta Italiya. A cikin shekarun nan Djokovic ya ɗauka sau 4 a jere, Federer sau 2, Murray ya ɗauka, kai har Davydenko da Dimitrov sun ɗaga kofin nan, amma Nadal mai kofin Grand Slam 22, wato manyan gasannin tanis huɗu na shekara, ko sau ɗaya bai taɓa ba. Ni ra'ayina wannan giɓi ne babba a tarihinsa, kuma maganar wai rufin ɗaki ne ya cuce shi ni ban yarda da ita ba. To bismillah, kowa ya faɗi nasa.

Dan Fagge:
Wa alaikumussalam Baba. Wlh tun da naga sallamar nan nasan kan Rafa Nadal za'a sauka. Baba kai babba ne amma gsky anan ban bika ba. Mutum yaci Roland Garros ta Faris akan jar kasa sau 14, yaci Wimbledon sau 2 akan ciyawa, yaci US Open sau 4, yaci zinare a Olamfik ta 2008, sannan ace gasar da ake bugawa a watan Nuwamba lokacin da kowa ya gaji jiki yayi tsami itace zata rage masa daraja? Haba Baba

Auta:
Dan Allah manya kafin kuyi nisa, ni sabon shiga ne a harkar nan. Ya ake buga gasar ne? naji ance mutum zai iya shan kashi kuma ya dawo yaci kofin, ya haka

Baban Khalifa:
Auta ƙanena, haka ne. Ana raba su takwas ɗin gida biyu, huɗu huɗu, kowa ya kara da sauran ukun rukuninsa, biyun da suka fi a kowane rukuni su wuce semi fainal. Shi ya sa za a iya doke ka ranar Litinin kuma Lahadi kai ne da kofi. Maki 200 ne duk wasan rukuni da ka ci, 400 semi fainal, 500 fainal, wanda ya ci duka biyar ya tashi da 1,500. Grand Slam kuwa 2,000 ne. Kuma abin da nake so Ɗan Fagge ya duba ke nan, a Grand Slam zagayen farko da na biyu kana iya haɗuwa da wanda yake na 90 a duniya ka huta, nan kuwa daga ranar farko ba kanwar lasa, duk wanda ka tarar zaki ne.

Maman Iman:
Ni fa Baban Khalifa na yarda da rabin maganarka ne. Giɓi kam giɓi ne, ba yadda za a yi a ce ba komai ba ne. Amma cewa ba ruwan rufi, a'a, da ruwansa. Shi kansa Nadal ya sha faɗa a fili cewa bai kamata kullum a riƙa yin gasar a kan daɓe a cikin ɗaki ba tunda 'yan wasan a kan jar ƙasa da ciyawa da daɓe suka tara makin da ya kawo su, ya so a riƙa juyawa wata shekara a yi a jar ƙasa. To ka ga shi ma ya san inda abin yake masa ciwo.

Dan Fagge:
Yauwa Anti Allah ya biya ki. Kamar ka dauki manomin fadama ne ka kaishi jigawa kace to nuna mana gwanintar taka. A yi gasar nan akan jar kasa shekara 12 a jere mu gani ko Federer zai samu ko daya

Koci:
Salamu alaikum. Bari in shigo ta ɓangaren da na sani, wato abin da ke faruwa da ƙwallon kanta, don mu da muke tsayuwa a fili da yara kullum mun san bambancin. Duk wanda ya taɓa yin sabis a Kano cikin Disamba ya sani, ka jefa ƙwallo sama iskar hunturu ta karkatar da ita kafin raket ya iso, ga ƙura ga rana a ido in kana fuskantar gabas da safe, sai ka ga mutum ya kama ƙwallon ya sake jefawa har sau biyu. To a cikin ɗaki duk babu wannan, inda ka jefa nan za ta tsaya maka. Ke nan mai ƙarfin sabis da mai son bugun layi ya samu abin da yake so, zai auna kusurwa ba tsoro.

Na biyu kuma shi ne ya fi taɓa Nadal. Makaminsa shi ne fohan ɗin hagun nan, wato bugun da tafin hannu ke gaba, mai murɗa ƙwallo, in ta sauka a jar ƙasa da rana tsaka sai ta yi tsalle har kafaɗar mutum, kuma kai tsaye bakhan ɗin na-dama, wato bugun da bayan hannu ke gaba, take nufa. Federer da hannu ɗaya yake bakhan, to ƙwallon da ta kai kafaɗa hannu ɗaya ba ya iya danne ta, shi ya sa ya sha wahala a Faris. A O2 kuwa ba zafin rana, kuma filin ba ya ɗaga ƙwallo, sai ta zo masa daidai ƙugu inda ya fi so. Mutane suna cewa filin Landan sauri ne da shi, ni a ganina ba saurin ba ne matsalar, rashin tashin ƙwallon ne.

Baban Khalifa:
Koci na gode, bayani ya fita. Amma ai abin da ka faɗa hujjata ce ba tasu ba. Federer jar ƙasa ba ta yi masa daɗi amma ya yi ta naci har ya ci Roland Garros a 2009. Djokovic ya ci ta sau 3. Gwani shi ne wanda yake zuwa gidan da ba nasa ba ya ƙwato. Kuma kar a ce mutanen Sifaniya ba sa iyawa a ɗaki, Manuel Orantes ya ci gasar nan a 1976, Alex Corretja ya ci a 1998 a Hanover ta Jamus, kuma ɗan ƙasarsu Carlos Moya ya doke a fainal, Moyan nan da ya zo ya zama kocin Nadal daga baya. Duk 'yan jar ƙasa ne.

Dan Fagge:
Baba shekarar da Federer yaci Roland Garros ai Soderling ne ya cire masa Rafa a hanya, kowa ya sani. Kuma ku duba sau nawa ma Rafa yaje Landan da lafiyarsa? 2012 gwiwa bai je ba, 2014 akai masa aikin afendis, 2016 wuyan hannu, 2017 wasa daya ya buga da Goffin ya janye saboda gwiwa, 2018 ma bai je ba. Mutumin da yake zuwa karshen shekara a daddaure da bandeji shi ake kwatantawa da masu zuwa garau

Maman Iman:
To Ɗan Fagge ai kula da jiki har ƙarshen shekara shi ma yana cikin wasan. Nole, wato Djokovic, ba da sa'a ya ci 2012, 2013, 2014, 2015 a jere ba, yadda yake tsara shekararsa da abincinsa da hutunsa ne. Kuma sau biyu Nadal ya kai fainal a Landan yana kan ganiyarsa, ba maganar rauni. 2010 ya ci Grand Slam 3 a shekarar, ya zo Federer ya doke shi 6-3, 3-6, 6-1. 2013 shi ne lamba ɗaya a duniya, Nole ya gama da shi 6-3, 6-4 ba wani ja in ja.

Dan Fagge:
Anti 2010 din kin manta jiyanta ya kwashe sama da awa 3 da Murray a semi, 7-6 3-6 7-6, kafafunsa sun mutu kafin set na uku

Na Damagaram:
Ina gaisuwa mutanen Najeriya. Ni wanda ya fi tsaya mani a rai 2011 ne, saboda mu nan tashoshin Faransa muke kallo kuma a lokacin Tsonga ne ɗan gida, duk masu sharhi bakinsu na kansa. Abin mamaki Lahadi uku a jere shi da Federer, fainal ɗin Bercy a Faris, mako na zagayowa wasan farko na rukuni a Landan, mako na gaba kuma fainal, duka Federer ya ci amma na ƙarshen sai da aka kai set uku, 6-3, 6-7, 6-3. A makon nan ne kuma Federer ya yi wa Nadal 6-3, 6-0 cikin kusan awa guda. Ɗan Fagge ka yi haƙuri, ranar ba gajiya ba rauni, duk abin da Federer ya taɓa shiga yake yi. Da wannan kofin ya cika 6 ya wuce Sampras da Lendl masu biyar biyar.

Dan Fagge:
Na Damagaram ka fadi 2013 ma mana, a dakin nan dai Rafa ya cire Federer a semi 7-5 6-3

Mazaunin Landan:
Sallama jama'a, yanzu na tashi daga aiki na ga saƙonni sun taru. Ni Allah ya sa na shiga ɗakin nan na kalla da idona, kuma akwai abin da talabijin ba ta nunawa. Jirgin ƙasa na ƙarƙashin ƙasa za ka hau layin Jubilee ka sauka North Greenwich, ka fito cikin sanyin Nuwamba ƙarfe huɗu da rabi gari ya riga ya yi duhu, ka shiga ka tarar da mutum sama da dubu 17. Sai a kashe fitilun wajen 'yan kallo gaba ɗaya a bar filin kaɗai da haske, shuɗi shar, kafin ɗan wasa ya fito ana saka wani sauti irin bugun zuciya har kujerarka tana amsawa. Abin da ya fi ba ni mamaki ƙarar ƙwallo ne, a ɗaki in mutum ya yi sabis ji kake tau, ƙarar ta daki rufi ta dawo. Kuma daga sama kana ganin inda kowa yake tsayawa, Nadal can baya nesa da layi, Djokovic da Federer kuwa a kan layin suke kamar an kafa su. Daga nan na gane wanda yake tsaye kusa shi yake karɓe lokaci.

Koci:
Yauwa Yallaɓai, ka faɗi gaba ɗayan maganar. Wanda ya ɗauki ƙwallo tana tasowa ya rage wa abokin karawarsa lokacin shiri. Shi ya sa Davydenko ya ci 2009, mutumin nan ba tsawo ba wani ƙarfin sabis na a zo a gani, amma a kan layi yake tsayawa yana maido da ƙwallo tun ba ta gama tashi ba. A makon nan ya doke Nadal a rukuni, ya doke Federer a semi bayan Federer ya doke shi sau 12 a jere, ya doke del Potro 6-3, 6-4 a fainal. Wato duk mutum ukun da suka raba Grand Slam ɗin shekarar sai da ya bi ta kansu.

Baban Khalifa:
2009 ɗin nan ma akwai abin da ba zan manta ba. Federer da del Potro da Murray duk suka tashi da ci biyu faɗuwa ɗaya, set ɗinsu ma daidai, sai da aka koma ƙirga gem, wato ƙananan wasannin da ke haɗa set, aka cire Murray da tazarar gem ɗaya tak a gaban mutanensa. Del Potro yana tsaye a fili bai san ya wuce ko bai wuce ba ana ta lissafi, har ya miƙa wa Carlos Tevez raket suka ɗan taɓa. Kuma Ɗan Fagge, a shekarar Nadal wasa uku ya buga ko set ɗaya bai ci ba.

Auta:
Tevez na Man City?? ikon Allah. To ni tambayata idan su Davydenko da Dimitrov zasu iya ci anya gasar tanada wahalar da Baba yake fada kuwa

Dan Fagge:
Auta Allah ya maka albarka, tambayar kenan. Davydenko har yayi ritaya baici Grand Slam ba, Nalbandian yaci 2005 a Shanghai shima babu, Corretja da Baba ya kawo shima babu. 2017 fainal Dimitrov da Goffin akayi fa. In kofin nan shine ma'auni to Davydenko yafi Rafa kenan? Set uku ne kawai, wanda hannunsa yayi zafi sati daya sai ya dauka

Maman Iman:
Ba wanda ya ce ya fi shi. Cewa aka yi in ana auna manyan ukun nan da junansu dole a duba abin da wannan yake da shi wancan babu. Nole 7, ya ci 2008 a Shanghai, huɗu a Landan, 2022 da 2023 a Turin. Federer 6. Nadal babu. Kuma Goffin ɗin da kake rainawa a makon nan ya doke Nadal ya doke Federer kafin ya kai fainal, ba ta taga ya shigo ba.

Baban Khalifa:
Maganar set uku kuwa akwai ƙamshin gaskiya, ni ma na fi son yadda ake yi da. Har 2007 fainal set biyar ne, daga 2008 aka mai da shi uku. Wanda ya ga Sampras da Becker a Hanover 1996, set biyar Jamusawa na ihu kamar rufin zai faɗo, ko Nalbandian da ya dawo daga set biyu a ƙasa ya doke Federer a 2005, ya san an rage wa fainal ɗin armashi. Amma set biyar ɗin ai da Nadal zai fi taimaka a jar ƙasa, a ɗaki ban ga abin da zai canza ba.

Mazaunin Landan:
Ni fa a shekara 12 ɗin nan wanda ya fi girgiza garin nan 2016 ne. Murray da Djokovic a fainal kuma duk wanda ya ci shi ne zai rufe shekara a lamba ɗaya, ba a taɓa yin haka a wasan ƙarshe na gasar ba. Murray ya zo a gajiye liƙis, ya ci Beijing, Shanghai, Vienna, Faris a jere, a rukuni ya yi awa 3 da minti 20 da Nishikori, ranar Asabar ya yi awa 3 da minti 38 da Raonic har saura maki ɗaya a fitar da shi ya tsira. Djokovic kuwa ya share Nishikori 6-1, 6-1 ya tafi ya kwanta. Kowa a wajen aikinmu cewa yake Murray ba zai iya ɗaga ƙafa ba, sai ga 6-3, 6-4, wasa na 24 a jere ba faɗuwa. To Ɗan Fagge ka ga doguwar semi ba ta hana wanda zai ci ya ci.

Koci:
Amma Yallaɓai ka duba abin da ya biyo baya. Shekarar da ta biyo ƙugunsa ya fara ciwo, daga Wimbledon ta 2017 bai ƙara buga wasa a shekarar ba, har ta kai ga an sa masa ƙarfe a ƙugu a Janairun 2019. Ba zan ce gudun ƙarshen 2016 ne kaɗai sanadi ba amma ni a matsayina na mai horarwa abin yana damuna ƙwarai, daɓe yana cin gwiwa da ƙugu, kuma a ƙarshen shekara ake jera musu shi. Federer ma 2014 ya tsira daga Wawrinka a semi bayan sau huɗu saura maki ɗaya a cire shi, bayansa ya riƙe, washegari ya fito da kayan gida ya ba mutane haƙuri ba a buga fainal ba. Nan kam ina tare da Ɗan Fagge, lokacin da ake sa gasar yana cutar masu wasan ƙarfi irin Nadal fiye da kowa.

Na Damagaram:
Koci amma mako ɗaya bayan nan Federer ɗin ya je Lille shi da Wawrinka suka ɗauke Kofin Davis na ƙasa da ƙasa a hannun Faransa, a ɗaki kuma a jar ƙasa. Mu nan ranar ba mu ji daɗi ba ko kaɗan.

Dan Fagge:
Ni wanda yake min ciwo har yau 2020 ne wlh. Lokacin korona dakin ba kowa, an dauke mana wuta na tada janareta da dare saboda wasan dare na Landan karfe tara yake farawa a wajenmu, Rafa yaci set na farko da Medvedev 6-3, a na biyu yana 5-4 sabis a hannunsa, gem daya ya rage ya shiga fainal kuma Djokovic an riga an cire shi da rana, Federer baya nan. Sai kawai ya zubar da gem din ko maki daya bai samu ba. Daga nan komai ya juye. Na kashe janareta na dade a zaune ban iya bacci ba

Maman Iman:
Ayya Ɗan Fagge, wannan kam ko ni na tausaya. Amma ka ga shekarar da ta gabata shi ya yi wa Medvedev irin ta, yana ƙasa 1-5 a set na uku saura maki ɗaya ya dawo ya ci. Kuma Medvedev na 2020 ba na wasa ba ne, Nole da Nadal da Thiem, na ɗaya da na biyu da na uku a duniya, duk ya doke su a mako guda, shekara na zagayowa ya hana Nole US Open.

Baban Khalifa:
To wannan wasan na 2020 shi ne amsata ga duk maganar rufi. Rufin yana nan lokacin da ya ci set na farko, yana nan lokacin da ya kai 5-4. Ba rufi ne ya zubar da gem ɗin ba. Ni ban taɓa cewa Nadal ba gwarzo ba ne, a jar ƙasa ba a yi kamarsa ba kuma ban ga alamar za a yi ba, amma kofin cikin ɗaki a kan daɓe guda ɗaya gare shi duk rayuwarsa, Madrid 2005, wannan ba sa'a ba ce ba kuma tsautsayi ba.

Dan Fagge:
Baba ni dai ina nan akan bakana. A bani 14 na Faris ku rike na Landan din

Auta:
Manya nagode na karu sosai. In zan nemi guda daya in kalla a YouTube a daren nan wanne zan fara dashi

Koci:
Auta nemi fainal ɗin 2010 ka kalla tun daga farko, kar ka tsaya a guntayen da ake yankowa. Abu biyu za ka sa wa ido. In Federer yana sabis daga ɓangaren dama duba yadda yake yanka ƙwallon ta fita waje ta ja Nadal har bayan layin gefe a kan bakhan ɗinsa, filin ya buɗe. Sannan in Nadal ya murɗo fohan ɗin nan duba a ina ƙwallon take samun Federer, ƙugu ko kafaɗa. In ka gama sai ka buɗe fainal ɗin Roland Garros ta 2008 ka duba abu na biyun nan dai, gobe ka zo ka faɗa mana abin da ka gani.